Malamin jami'a da ke son ya kai wurin aikinshi kotu a Damagaram, ga yadda ake bi

Malam, in abu ya haɗa ka da wurin aikinka, ko an dakatar da kai ne, ko an riƙe maka albashi, ko ka yi awoyin kur shekara guda cur ba a ba ka ko dala ba, ko dai kawai an kira ka biro an ce daga yau ba ka cikin ma'aikata, to kar ka fara da neman aboka, wato lauya, kuma dan Allah kar ka fara da dogon bokal a gurup ɗin WhatsApp na malamai. Zauna tukuna ka ɗauko takardar da aka ɗauke ka aiki da ita ka karanta. Mutanen gari duk wanda suka ga ya shiga amfi riƙe da jaka Dakta ne a wajensu, amma alƙali ba haka yake kallon abin ba, shi takardar nan ita ke gaya mishi ko maganarka tashi ce ko ta wani alƙalin ce daban.

In kai malamin dindindin ne a jami'ar gomnati, irin su Jami'ar André Salifou ta nan ko Abdou Moumouni ta Yamai, wanda aka ɗauka da arete ko desiziyo, wato takardar hukuma ta ɗauka aiki, to ba dokar ƙwadago ke riƙe da kai ba, kuna da dokarku ta musamman ta malamai masu bincike, kuma rigimarka ta alƙalin da ke shari'a da hukumomin gomnati ce. In kuma a wata makaranta ce mai zaman kanta, cikin waɗannan institi da suka cika gari, kontara ka sa wa hannu ko ma ba ka sa wa komi hannu ba aiki kawai kake ana biyanka, to kai ma'aikaci ne kamar na kowane kamfani, dokar ƙwadago ta 25 ga Satumba 2012, mai lamba 2012-45, ita ce taka, kuma kotun ƙwadago za ka. Sai na ukun, bakatar, mai koyarwa ana lissafa mishi awa, wanda shi ne ya fi kowa shan wahala kuma shi ne maganarshi ta fi ruɗani in a jami'ar gomnati yake, don komi ya danganta da abin da aka rubuta cikin ƴar takardar da aka ba shi. Shi kam ya nuna wa masanin doka takardar kafin ya ɗaga ƙafa. Dalili kuwa, abu na farko da lauyan ɗaya ɓangaren zai tashi ya ce shi ne wannan kotu ba ta da hurumi, in alƙali ya yarda da shi shikenan an sallame ka ba tare da an ko buɗe dosiyenka ba, ka yi asarar watanni, wani lokaci ma kafin ka koma ƙofar da ta dace wa'adi ya riga ya wuce.

To wa'adin nan shi ne abin da nake son in daɗe a kai, don shi ke kashe mutanenmu.

Mu nan Damagaram ka san halinmu. In abu ya faru ba a zuwa kotu kai tsaye, kunya ce ma. Sai a samu dattijo, a je wajen wani Farfesa da ake jin maganarshi, a bi ta wajen limamin unguwa, wani har fada yake kaiwa, a ce maka Malam yi haƙuri za a duba, bari shugaba ya dawo daga misiyo, bari a gama jarabawa, bari a sha ruwa, bari a yi Sallah. Ni ban raina wannan hanya ba, sau da yawa ita ke kashe wutar kuma ta fi kotu sauƙi nesa ba kusa ba. Amma doka ba ta san da ita ba. Ranar da aka miƙa maka takardar hukunci ka sa hannu ka karɓa, ranar kwanakinka suka fara tafiya, kuma kwanakin ba su da yawa, ba maganar shekara ake ba. Dattijai na can suna kai da komo, kwanaki na ta zuba, ranar da ka gane ba abin da za a duba sai ka tarar ƙofa ta rufe ko da kuwa gaskiyarka ta fi rana fitowa. Saboda haka yi biyun tare. Bar dattijai su yi nasu, kai kuma cikin satin nan da aka ba ka takardar ka je wajen grefiye, wato magatakardan kotu, ko aboka ya ƙirga maka kwanakinka daidai, ka rubuta ranar ƙarshe ka manna inda kake gani kullum, sannan ka shigar da takardar kokenka. In wani babba ya ce haba Malam ya muna cikin magana ka kai takarda, ka ce ranka ya daɗe ai ba ƙara ba ce, roƙo ne na rubuta, kuma gaskiya ka faɗa.

Don ga malamin gomnati dole ne ma wannan takarda. Kafin ka nemi kotu ta soke wani mataki sai ka fara komawa wajen hukumar ka ce ta sake dubawa, ko wajen wanda ke sama da mai hukuncin, misali in duwayan ne, wato shugaban fakilte, ya yi sai ka rubuta wa shugaban jami'a, ko kuma wajen shi wanda ya sa hannun in babu wani a samanshi. In ka tsallake wannan kotu ba za ta saurare ka ba. Takardar kar ta wuce shafi ɗaya ko biyu: sunanka da matsayinka, lamba da kwanan watan hukuncin da kake kuka da shi, ranar da aka ba ka shi, abin da ya sa kake ganin ya saɓa doka, da abin da kake so a yi a fili, a janye shi, a maida ka aiki, a biya ka kaza. Ban da zagi, ban da tarihin yadda wane ya tsane ka tun kuna lise. Da Faransanci za ka rubuta, duk da tun 2025 an ce Hausa ce harshen ƙasa, takardun biro da na kotu har yanzu da shi suke tafiya.

Yadda za ka ajiye ta kuma ya fi abin da ke cikinta muhimmanci. Ka yi kofi biyu. Ka je sakatariya, za ka tarar da Hajiya bayan tebur, fanka na juyawa, babban rajistan nan na wasiƙun da suka shigo a gefenta, za ta karɓa ta ce to Malam ajiye zan ba shi. Kar ka tafi. Gaishe ta da kyau, tambaye ta yara, sannan ka miƙa ta biyun ka ce Hajiya dan Allah a buga min kashe a tawa, a sa kwanan wata da lambar rajista. Tsaya har ka ga ta buga kashen, wato hatimin, ka duba ranar ta fito sosai don wani kashen tawadarshi ta bushe, in bai fito ba ta rubuta da bik ta sa hannu. Wannan desharji shi ne shaidarka cewa ka yi koke cikin lokaci. In aka ƙi buga maka, kuma ana ƙi, kar ka yi faɗa da ita, ba laifinta ba ne umarni aka ba ta, tafi ka ɗauko wisiye, wato jami'in shari'a mai isar da takardu da zartar da hukunci, ya kai da kanshi ya rubuta cewa ya kai, ko ka aika ta gidan waya da irin wasiƙar da ake sa hannu a maido maka da shaidar karɓa. Kuɗin wisiye zai yi maka ciwo ranar, amma ba za ka yi da-na-sani ba.

In sun amsa sun ce a'a, to ka samu abin kaiwa kotu. In sun yi shiru, shirun ma bayan wani lokaci da doka ta yanka ana ɗaukarshi a matsayin a'a, daga nan wani sabon wa'adin ya fara, wanda shi kuma ba mai aiko maka takarda ya tuna maka, kai za ka ƙirga. Nan ma mutane da yawa ke faɗuwa, suna zaune suna jiran amsa wadda ba za ta zo ba. Haka in da baki aka yi maka abin, aka cire sunanka daga jadawalin darasi ko albashi ya tsaya ba wata takarda, rubuta ka nemi a gyara, ka karɓi desharji, amsarsu ko shirunsu shi zai zama hukuncin da za ka kai ƙara a kai.

Neman soke hukunci ba nan ake yinshi ba, Yamai ne. A da Conseil d'État, babbar kotun shari'a da hukuma, ke yi, bayan 26 ga Yuli 2023 aka kafa Cour d'État ta karɓi aikinta da na kotun ƙoli ta sauran shari'o'i, ɓangarenta mai kula da rigima da hukuma shi zai duba. Shari'ar duk a rubuce take, ka shigar da taka, a aika musu su maido amsa, ka sake amsawa, wani alƙali ya haɗa rahoto, ba wurin da za ka tashi ka yi lacca kamar a amfi. Kuma alƙalin ba ya tambayar ko kai mutumin kirki ne ko ɗalibai na sonka. Abin da yake dubawa: wanda ya sa hannu yana da ikon sa hannun? An bi matakan da doka ta ce, an ba ka takardar neman bayani, an bar ka ka ga dosiyenka, an kira ka gaban majalisar ladabtarwa ka kare kanka, majalisar ta cika yadda ya kamata? Hukuncin ya dace da abin da doka ta ce, kuma abin da aka ce ka yi ya faru da gaske? Sai na ƙarshe, ko an yi amfani da iko don wata manufa daban, ramuwa ko siyasa. Kowa wannan na ƙarshen yake son kamawa don shi ke cin rai, amma shi ya fi wuyar tabbatarwa, wa zai rubuta a takarda cewa na kore shi don bai goyi bayana ba? A ganina ka sa ƙarfinka kan matakan da aka tsallake. Hukumomi in ransu ya ɓaci sauri suke, sai su manta da wani mataki, kuma mataki guda da aka tsallake yana iya rushe hukuncin gaba ɗaya. Shi ya sa ake cewa shari'a saɓanin hankali.

Ka kuma sani kai ƙara ba ya tsayar da hukuncin, in an dakatar da kai kana nan a dakace har a yanke. Akwai hanyar gaggawa ta neman a jingine shi kafin nan, tambayi lauyanka tun ranar farko ko ta dace da kai. In kuwa kuɗi kawai kake bi, bashin awoyi ko diyya, wannan ana farawa da shi nan babbar kotun Zinder, amma shi ma sai ka fara nema a rubuce an hana ka.

Wani abu da ke ruɗa matasan malamai shi ne maganar girma. In CAMES ce, hukumar da ke tantance malaman jami'a don ƙarin girma, ba ta sa ka cikin jerin waɗanda suka cancanta ba, wannan hukuma ce ta ƙasashe da yawa mai mazauni a Wagadugu, ba alƙalin Zinder da zai ba ka mukamin da takwarorinka ba su ba ka ba, gyara dosiye ka sake turawa baɗi. Amma in nan gida ne aka danne dosiyenka aka ƙi turawa, ko ka ci amma aka ƙi sauya maka matsayi da albashi, to wannan mataki ne na hukuma, hanyar da na faɗa a sama ita za ka bi.

Na makaranta mai zaman kanta tashi hanyar ta fi gajarta kuma ba sai ya bar gari ba. Abin da aka saba, ka fara zuwa wajen insifektan ƙwadago, ka kai kokenka, ya aika wa mai makarantar sammaci, a zauna sulhu. In kun daidaita a rubuta a sa hannu, kuma ka karanta kowane layi kafin ka sa naka, don abin da ka yarda da shi a nan ya zauna. In ba ku daidaita ba ya rubuta takardar rashin sulhu, da ita za a wuce kotun ƙwadago, inda alƙali ke zama da mataimaka daga ɓangaren ma'aikata da na masu ba da aiki, shi ma zai sake gwada sulhu kafin a shiga shari'a. Shigar da ƙara a wannan kotu kyauta ne, kuma ba dole sai da aboka ba, wakilin sandika na iya tsaya maka. Abin da nake jan kunne a kai, tun a gaban insifekta ka lissafa duk abin da kake bi ɗaya bayan ɗaya da adadinshi: albashin da aka riƙe, kuɗin wa'adin sallama, kuɗin hutu, kuɗin sallama, diyyar kora ba bisa ƙa'ida ba, takardar shaidar aiki, da maganar CNSS, asusun fansho da kariyar ma'aikata, in ba a taɓa zuba maka ba, wanda a makarantun nan ba abin mamaki ba ne. Kar ka ce a dai biya ni haƙƙina, alƙali ba zai yi maka lissafi ba. Doka ta ce kafin a kori mutum kan halinshi ko aikinshi sai an ba shi dama ya kare kanshi, kuma sai da dalili na gaskiya, in ba a yi ba ka faɗa. Sai dai kar ka sa rai kotu za ta maida ka aji dole, galibi kuɗi take yankewa. Bashin albashi ma yana da lokacin da in ya wuce ba a bin shi, kar ka tara na shekaru kana cewa ai mutumin abokina ne.

Duk hanyar da ka bi, takardu ne za su yi magana. Takardar ɗauka aiki, ta kama aiki, biltan na albashi, takardar banki da ke nuna watan da kuɗi suka daina shigowa, jadawalin darasi mai kashe. Bakatar kuma abin da zai cece shi ne kayen nan, wato littafin darasi, da shugaban aji ke kawowa ƙarshen kowane kur ka rubuta abin da ka koyar ka sa hannu. Kayen a hannun makaranta yake zama, kuma ranar da rigima ta tashi za ka ji an ce ba a gan shi ba. Saboda haka tun kuna lafiya lau, duk ƙarshen wata ɗauki hotonshi da waya shafi shafi, ranar da awoyin su fito, ka tura wa kanka wani wuri da ba wayar ba. Saƙonnin WhatsApp da shugaban sashe ya turo maka, Malam ka riƙe mana aji kaza, kar ka goge, in suna da nauyi kai wa wisiye wayar ya duba ya rubuta abin da ya gani. Asalin takarda ba a ba kowa, fotokofi ake bayarwa. Shaidu kam kar ka dogara da su sosai, abokin aikin da ya rantse maka a wajen mai shayi cewa zai tsaya, shi ma yana da iyali da dosiye a teburin mutumin da kake ƙara. Ɗalibai kuwa ka bar su gaba ɗaya, makinsu na hannun waɗancan.

Sannan ka kama kanka lokacin da shari'a ke tafiya. In ba a dakatar da kai a rubuce ba ci gaba da zuwa aiki, in ka zauna gida don fushi za a rubuta ka gudu daga aiki, wannan kuma laifi ne sabo wanda ya fi na farkon sauƙin tabbatarwa. Kar ka riƙe makin ɗalibai ka ce sai an biya ka, na san da zafi, amma ka ba su sandar dukanka ne. Facebook kuma ka yi nesa da shi kan wannan magana, akwai dokar laifukan intanet ta 2019 wadda aka ƙara tsaurarawa a 2024 aka maido da ɗauri kan ɓata suna, sai ka je neman albashin wata shida ka kwana a komisariya. In kai ɗan SNECS ne, sandikar malaman jami'a, sanar da reshenku tun farko, a rubuce, sandika na da bakin da kai kaɗai ba ka da shi kuma wani lokaci sun riga sun ga irin matsalarka.

Maganar aboka, yawancin ofisoshinsu Yamai suke, kusan kilomita 900 daga nan, kwana guda cur cikin bas, to ka tambaya tun farko ko kuɗin da ya faɗa har da zuwanshi Zinder, ku rubuta yarjejeniya, ka karɓi rasit. Nemi wanda ya saba shari'a da hukuma ko ta ƙwadago, ba kowane ba, wanda ya ƙware a rigimar fili daban. Akwai hukumar ANAJJ da aka kafa a 2011 don taimaka wa marasa hali, tana da biro a manyan kotuna, mai albashin malamin jami'a da wuya ya shiga ciki amma bakatar da ba shi da komi ya leƙa. Kuma ka shirya wa ɗage zama, yau lauyansu bai zo ba, gobe alƙali ya tafi hutu, jibi an yi mishi canjin wuri, abin kamar jiran ruwan famfo a Garin Malam cikin watan Afrilu. Ranar yanke hukunci ka kasance a wurin ko wakilinka, don kwanakin ɗaukaka ƙara ƴan kaɗan ne, ita kotun ɗaukaka ƙarar nan cikin gari take.

In ka ci, takardar hukunci ba kuɗi ba ce tukuna. Sai ka karɓo kofin da aka buga wa umarnin zartarwa a wajen grefiye, ka ba wisiye ya kai musu. In makaranta mai zaman kanta ce ta ƙi biya, wisiye na iya kama asusunta na banki ko kayanta. Jami'ar gomnati kuwa ba a kama kayanta, dokar OHADA, ƙungiyar ƙasashen Afirka masu dokar kasuwanci bai ɗaya da Nijar ke ciki, ta kare hukumomin gomnati daga wannan, sai dai ka bi ta biro biro har a sa kuɗinka cikin kasafi. Hukuncin da aka soke a doka kamar ba a taɓa yinshi ba ne, ke nan sai a maida ka inda kake, a gyara maka shekarun aiki da matakin albashi, amma ba mai yin wannan don kanshi. Sake rubuta wa shugaban jami'a, haɗa da kofin hukuncin, lissafa abin da ya kamata a gyara da watannin da abin ya shafa, kai sakatariya kofi biyu a buga maka kashe. In sun sake yin shiru, wannan shirun ma sabon mataki ne da ake iya kaiwa kotu, da nashi wa'adin.